Lomar Farko ta Gwadabe

Duk wanda ya zauna Jidda ya kuma saba da lungunan Balad, wato tsohon gari, ya san Gwadabe ko da bai san sunansa ba. Shi ne dogon mutumin nan mai farar jallabiya da koɗaɗɗiyar hula, wanda ran Alhamis bayan la'asar za ka gani a gaba, Turawa na biye da shi kamar 'ya'yan agwagwa, daga Bab Makka zuwa kasuwar Alawi. Sana'arsa ke nan, ya zaga da baƙi su ɗanɗana abincin gari, daga wannan rumfa zuwa waccan. Ba shi da ofis, ba shi da lasisi, iƙama ma, wato takardar izinin zama, har ya yi furfura bai taɓa riƙe tasa ba. Ƙafafunsa biyu da bakinsa su ne duk jarinsa, kuma da su ya riƙe gida kusan shekara talatin.

Mutumin Ringim ne. Ya zo aikin Hajji a 1978, ranar da za a kwashe su zuwa gida ya sulale daga sansanin alhazai da 'yar jakarsa, kamar yadda dubbai suka yi kafinsa. Ya samu dako a tashar jiragen ruwa, yana kwana a ɗakin leburori a Khumra. A tashar ne ya haɗu da wani injiniya ɗan ƙasar Fotugal, gajere mai gashin baki, wanda 'yan dako suke kira Burtugali. Mutumin nan ba abin da ya dame shi a duniya kamar cikinsa. Abincin gwangwanin da ake ba su a sansanin kamfani ya ishe shi, kullum bakinsa cike da ƙorafi.

Da guntun Larabcinsa da guntun na Gwadabe suke hira. Burtugali ya ba shi labarin garinsu na bakin kogi, inda in yamma ta yi mutum ba ya zama wuri ɗaya ya ci abinci. Za ka shiga nan ka ci busasshen kifi mai gishiri da aka dafa da dankali, ka fito ka tsaya wajen mai gasa ƙananan kifaye a kan gawayi, ka ƙara gaba ka ci wata waina ta gwaiduwar ƙwai da sukari, a kowace ƙofa kuma a tsiyaya maka ɗan kofin giyar inabi. Yana faɗa yana lumshe ido, har ƙwalla ta taru masa. Gwadabe ya yi a'uziyya a kan giyar, ya ce amma in dai yawon ci ne, Balad ma ba baya ba ce, a madadin giya kuma ga sobiya, wani farin abin sha mai sanyi da zaƙi.

Ran Alhamis ya kai shi. A rumfar farko, wajen mai ful, dafaffen waken nan da ake ci da gurasar tamis, Burtugali ya dubi tukunyar, ya dubi hannun mai zubawa, ya dubi ƙudajen da ke shawagi, sai ya tura farantin gaban Gwadabe.

"Inta awwal," in ji shi. Wato kai ka fara.

Gwadabe ya yi bisimilla ya kai loma, ya tauna, ya gyaɗa kai. Sai da Baturen ya ga bai faɗi ba sannan ya sa hannu. Haka aka yi wajen mai mutabbak, wata soyayyiyar waina mai nama da ƙwai a ciki, haka wajen mai hanta, har suka ƙare a kan sobiya. Mako na gaba Burtugali ya zo da abokai, wani makon ya zo da matan abokan. Da kwangilarsu ta ƙare ya koma garinsu, ko sallamar kirki bai yi ba. Amma ya bar wa Gwadabe sana'a, ya kuma rataya masa wannan lomar ta farko a wuya.

Sannu a hankali lomar ta zama ita ce sana'ar. Direbobin otal da masu gadin gidajen Turawa in za su tura baƙo sai su ce, "Ka nemi Takarin nan mai fara ci." Takari suke kiran mutanenmu a can. Ba a wani faranti daban yake ci ba, daga na baƙin yake ɗiba, a gabansu, ya lumshe ido ya haɗiye, sannan ya ce, "Yalla, bismillah." In ya wuce rumfa bai tsaya ba, baƙi ba sa tambaya. In kuwa ya tsaya ya shinshina ya ƙi sa hannu, to mai rumfar ya shiga uku, don kafin magariba duk layin ya ji. An yi wani mai suyar kifi da yake maimaita mai har ya yi baƙi ƙirin. Sau ɗaya Gwadabe ya ƙi lomarsa, mutumin bai daɗe ba ya tattara kaskonsa ya bar layin. Gwadabe ya ji daɗin wannan ƙwarai, ba sai an ɓoye ba. Mutumin da in ya hango motar 'yan sanda sai ya shige lungu, ga shi yau masu shaguna 'yan ƙasa suna miƙewa tsaye in ya taho.

Zagayen da gishiri yake farawa ya ƙare da zaƙi. Bayan ful da mutabbak da hanta da tsiren mutanenmu, wanda 'yan Jidda suke kira sirei, sai a shiga layin kayan maƙulashe: alewar madara, laddu, sobiya, a rufe da masub a shagon Othman. Masub ayaba ce ake damawa da gurasa, a zuba man shanu, a malala zuma har ta kwanta a gefen kwano. Othman haifaffen Jidda ne, jikan wani alhaji da ya zo a ƙasa daga Haɗeja tun zamanin tafiyar ƙafa, yana da takardar ɗan ƙasa, shagon kuma gadon ubansa ne. Sa'an Gwadabe ne kuma amininsa. Shi ya shige masa gaba lokacin neman auren Luba, a ranar da danginta suke ta tambayar wane ne kafilin wannan mutum, wato wa ya tsaya masa a ƙasar.

Luba ita ma a Jidda aka haife ta, Hausarta rabi Larabci, bakinta kuwa ba a taɓa shi a kwana lafiya. Suka kama ɗaki biyu a saman wani bene a Madain Fahd, suka haifi 'ya ɗaya, Zakiya. Aiki ya yi albarka, daga Alhamis kaɗai ya koma kwana uku a mako, lokacin sanyi ma kusan kullum. Luba takan ce ita ce macen da ta fi kowa hutu a unguwar, tun da mijinta a titi ake ciyar mata da shi.

Wajen shekarar 2003 ƙishirwa ta fara damunsa, irin wadda ruwa ba ya kashewa. Ya rame, idonsa ya fara hazo. Luba ta ja shi wani ƙaramin asibitin kuɗi a Sharafiyya inda ba a cika tambayar iƙama ba. Likitan, wani dattijo Basudane, ya duba jininsa ya ce ciwon suga ne, kuma ya yi nisa. Ya tambaye shi sana'arsa. Da Gwadabe ya yi bayani, likitan ya cire tabarau ya daɗe yana kallonsa.

"Ya Hajj, wannan ciwo daga ƙasa yake fara cin mutum," in ji shi. "Ko ka bar zaƙi, ko wata rana ka bar mana ƙafar nan."

A hanyar gida Luba ta ce, "Halas, Abu Zakiya, sai ka gaya musu. Mene ne a ciki? Rabin Jidda suna da sukkar."

"Rabin Jidda ba su ne masu fara ci ba. In aka ji mai ɗanɗanawa ba shi da lafiya, wa zai tsaya tambayar wace cuta ce? Cewa za a yi abincin Balad ne ya kwantar da shi. Direbobi su daina turo mutane, masu shaguna su ce na ɓata musu suna."

"To ka gaya wa Othman shi kaɗai."

"In dubi idon Othman in ce masa abincin ubansa yana kashe ni?"

Luba ta ja dogon tsaki, har direban tasi ya waigo. Ita ta san wannan ba komai ba ne illa irin wautar da mutanenmu suke yi wa ado su kira ta kara. Akwai kuma girman kai a ciki, don Gwadabe ya gwammace a ce masa komai da a ce masa abin tausayi.

Ba wai bai gwada ba. Alhamis ɗin farko, da aka ajiye masub gaban wasu ma'aikatan jinya 'yan Turai, ya dafa cikinsa ya yi murmushi ya ce yau ya ƙoshi, su ci kawai. Matan suka dubi juna. Ɗaya ta ajiye cokali, sauran suka bi ta, suka yi godiya suka miƙe, kwanon na nan yadda aka kawo shi. Kafin Juma'a magana ta zaga layin cewa Gwadabe ya ƙi masub ɗin Othman. Wasu suka ce zumar ce ta jabu, wasu suka ce an ga ɓera a bayan kanta. Othman ya tare shi a ƙofar masallaci, murya ƙasa ƙasa, ya ce, "Abu Zakiya, in akwai abin da ka gani a shagona, ni za ka gaya wa, ba Nasara ba." Gwadabe ya rantse babu komai.

Sai ya sake dabara. Zai kai lomar baki, ya lumshe ido yadda ya saba, ya ce yalla, in hankalin baƙi ya koma kan kwano sai ya yi kamar yana share baki ya tofar a hankici. Ya yi makonni yana haka. Wata rana ya zaga bayan shagon yana kakkaɓe hankicin wa kyanwoyi, ya ɗago kai sai ga Othman tsaye da bokitin wanke wanke. Othman ya dubi abin da ke ƙasa, ya dube shi, ya koma ciki. A Balad ko guntun gurasa aka gani a ƙasa ana ɗauka a sumbata a ɗora kan katanga, balle a ce amininka ne yake tofar da abincinka. Mako na gaba Gwadabe ya zo da baƙi, Othman ya tura yaran shago suka zuba, shi ya juya baya yana goge abin da ba datti.

Abin ya ci Gwadabe fiye da ciwon. Ran Asabar ya zo shi kaɗai, ya zauna a bencin ƙofar shagon inda duk layin ke ganinsa, ya ce a ba shi babban kwano, a ninka zuma. Ya cinye tas, ya siɗe cokali. Othman ya fito ya rungume shi, maƙwabta suna ta barka. Daga ranar bai sake ƙin loma ba, ba ta masub ba, ba ta laddu ba, ba kurɓin sobiya ba. In ya dawo gida sai ya haɗiyi ƙwayoyinsa ya bi su da jiƙon hulba da ganyen darbejiya, a lissafinsa ɗaci zai bi zaƙin ya kashe shi a ciki. Luba ce take jiƙa masa, tana jiƙawa tana zaginsa.

Haka aka yi ta tafiya shekara da shekaru. Tafin ƙafarsa ya fara zafi, sannan ya koma kamar yana taka auduga, daga baya ya daina jin komai. Shi murna ma ya yi, ya ce ciwon ƙafa ya tafi.

Wata azahar a tsakiyar zafin 2011 ya fito daga masallaci ya tarar wani ya tafi da takalmansa. Bai damu ba, ya taka a ƙasa har kasuwar Nada don ya sayi wasu, a kan dutsen da ko kyanwa ba ta yarda ta taka a wannan lokaci. Yana tafe yana gaisawa da mutane. Sai da ya dawo gida ya miƙe ƙafa Luba ta ga tafin dama ya sale, fatar ta ɗago, ta ƙwalla ƙara. Shi kuwa kallon ƙafar yake kamar ta wani ce.

Kwana biyu ya yi a gida. A na uku wani direba ya bugo waya cewa akwai baƙi, sai ya naɗe ƙafar da bandeji ya sa safa ya fita. Ya ci gaba da taka ta har babban yatsa ya yi baƙi, har warin ya fi ƙarfin turaren da yake fesawa. Ranar da zazzaɓi ya kayar da shi a tsakar ɗaki, 'yan unguwa ne suka yi karo karo, aka yi ta yawo da shi ana neman asibitin da zai karɓi mutum marar takarda. Kafin a samu, magana ta wuce yatsa. Ƙasan gwiwa aka yanke. Likitan da ya sallame shi ya gaya wa Luba a fili cewa ta hagun ma jinin ba ya isa sosai, in ba a kiyaye ba za ta bi 'yar'uwarta.

Ya dawo Madain Fahd ya kwanta. Gidan ya koma kan funkaso da kunun da Luba take sayarwa a ƙofar gida, mijin Zakiya kuwa an riga an kama shi an mayar da shi Nijeriya ya bar ta da goyo. Abin da ya fi damun Gwadabe a kwancen nan shi ne yadda zai gaya wa mutanen Balad. Ya sa Luba ta ce wa duk mai tambaya ƙusa ya taka.

Ana nan, wata ranar Talata da hantsi, Othman ya zo. Ya bar wani abu a naɗe a bakin ƙofa, Luba ta leƙa ta ga keken guragu ne sabo fil, ko ledarsa ba a cire ba. Zuciyarta ta yi sanyi, ta shiga ta dafa masa shayi mai na'ana'a da hannunta.

Aminan suka gaisa, Othman ya yi ta jajantawa har ya share hawaye. Gwadabe ya fara labarin ƙusa. Othman ya ɗaga hannu.

"Bar wannan, ya Abu Zakiya. Sukkar ne. Ai mun daɗe da sani."

Gwadabe ya ɗago daga matashi. "Kun sani?"

"Tun shekarar hankicin nan. Na je gida na yi tunani, na ce wallahi irin ƙishirwar da ta kashe ummina ce. Mai sobiya ya sani, mai laddu ya sani, kowa a layin ya sani. Muka ce tun da bai faɗa ba, aib ne mu tona masa asiri. Mutum da girmansa."

Ya faɗi haka ne da zuciya ɗaya, yana ganin kwantar masa da hankali yake yi. Luba tana tsaye da tiren shayi. Ta ajiye shi a ƙasa a hankali, don ta san in ta ci gaba da riƙewa a kansa zai ƙare.

"Ka sani, Othman," in ji ta, "kana zuba masa zuma da hannunka?"

"Ya Ummu Zakiya, ni zan hana shi a gaban baƙi? Kuma kin san in bai ci ba, ba sa ci. Duk layin da lomarsa muke sayarwa."

Baƙin ciki ya kama Gwadabe, ba don ƙafar kaɗai ba. Shekarun nan duka yana haɗiye abin da zai kashe shi don kada ya ɓata musu suna, su kuma suna miƙo masa suna kallo, kowa na ganin mutunci yake yi wa ɗan'uwansa. Da mutum ɗaya a cikinsu ya buɗe baki, da yau yana tsaye.

Othman ya gyara zama ya shiga abin da ya kawo shi. Ɗan yayarsa Idris ya buɗe ɗan kamfanin zagayawa da baƙi a Balad, da lasisi da komai, yana bin hanyar Gwadabe rumfa rumfa. Sai dai abin ba ya tafiya. Baƙi suna zuwa da sunan Takarin nan mai fara ci, in ba su gan shi ba sai su ɗauki hoto su wuce, ba sa taɓa komai. Idris ya gwada ci da kansa, ba wanda ya kula. Shi ne ya sayi keken nan. Za a zo a ɗauki Gwadabe a mota, a tura shi cikin layin, ba zai taka ko'ina ba. Kuma Idris ya ce zai duba maganar iƙama, a sa shi a kan kamfanin, har Zakiya da ɗanta a ga abin da za a yi.

Luba ta fita ta yage ledar keken. A bayan kujerar an buga sunan kamfanin da manyan haruffa, da lambar waya. Ta turo shi tsakiyar ɗakin da ƙarfi har ya bugi tiren, shayi ya malale a kan darduma.

"Ɗauki kayanka. Ɗaya ba ta ishe ku ba, kun dawo ɗaukar ɗayar?"

"Cokali ɗaya ne fa kawai a kowane shago," in ji Othman, yana kallon Gwadabe, ba ita ba. "Ni zan rage zumar, wallahi."

Daga ɗaya ɗakin jaririn Zakiya ya fara kuka. Gwadabe ya dubi ƙafarsa ta hagu a kan katifa. Farcen babban yatsan ya soma sauya launi tun makon jiya, bai gaya wa kowa ba. Ya ja bakin jallabiya ya rufe ta.

"Abu Zakiya," in ji Luba. "Kada ka soma."

Bai dube ta ba.

"Ka ce wa Idris ran Alhamis ya zo da wuri," in ji shi. "Kafin a sauko da ni daga benen nan aiki ne."